Wayar Ingunn

Kwana tara da ɓatan Ingunn a teku, mahaifinta Torvald bai yi kuka ba. Tsohuwar kwamfutarta kawai yake yawo da ita, yana son ganin saƙonninta na ƙarshe, amma ta ƙi kama waifai. Mai gyara ya ce direba, wato manhajar da ke kama waifai, ce ta ɓace, kuma irinta sai an tona.

Yana zaune a ɗakin jiran jirgin ruwa, na ƙarshe ya riga ya tashi, sai wata mata ta zauna gefensa, hular rigarta ta rufe mata fuska.

"Baba, danne-dannen nan ba zai tashe ta ba," in ji ta, muryar kamar daga cikin tulu. "Kawo."

Ta karɓi kwamfutar, ta soka mata filashi mai ɗauke da direbar. Yatsunta sun yi fari fat, sun yamutse, ruwa yana ɗiga tsakanin madannai. A waje ko yayyafi babu.

Kwamfutar ta kama. Suna ɗaya tak ya fito a jerin waifai: Wayar Ingunn. Sigina cike.

Torvald ya zuba wa aljihun matar ido, inda wani haske yake ƙyaftawa.

"Sa lambar sirrin mana, Baba," ta ce. "Ranar haihuwarka ce."