Ƙafar Malamin Lissafi

Tafiyarsa ta fara gani kafin fuskarsa. Tana zaune a benci daura da wata makaranta tana zana yadda mutane ke taka ƙasa, don daraktar katun ce, aikinta sa zane ya motsa. Sai ga malamin lissafi ya fito. Shan-inna ta taɓa ƙafarsa ta hagu tun yana ƙarami. Yana jefa ta gefe, kafaɗa ta biyo, amma da sauri, kamar titin nasa ne.

Ya tsaya a kanta. "Baiwar Allah, in kin gama satar ƙafata ki maido, da ita zan koma gida."

Kunya ta kama ta, dariya ta ƙwace mata. Bai tafi ba sai da lambarta.

Soyayyarsu a waya ta girma, don ba ta zama. Yau tana wannan ƙasa tana jagorantar masu zane, gobe tana waccan wajen nuna fim.

"Darakta, ƙarfe nawa a wajenki? Ina so in san lokacin fara kewarki."

"Malamina, ka ma makara."

Mahaifiyarsa ba ta yi na'am da zancen aurensu ba. "Matar da akwatinta bai taɓa shiga ƙarƙashin gado ba? Ga 'yar maƙwabta nan, kullum tana gida."

Ana cikin haka wani babban kamfani a waje ya ɗauki fim ɗinta, mafarkinta tun tana makaranta. Jarumin fim ɗin tafiyar malaminta ta ba shi. Amma kamfanin ya saki talla ba da saninta ba, an sa kiɗan shaƙiyanci a kowane taku. Kafin mako ya ƙare ɗalibansa na kwaikwayon tallar a bayansa.

Saƙonsa ya same ta a ɗakin aiki: "Na ga kaina. Ɗalibaina ma sun gan ni. Ashe satar da gaske ce." Ta kira, waya a kashe.

Ta faɗa ofishin shugaban kamfanin ko zama ba ta yi ba.

"Haka aka saba," in ji shi. "Mai ɗingishi shi ke ba yara dariya."

Haka aka saba. Maganar da ragwaye ke lulluɓa da ita kada su yi tunani.

"Ko ku cire kiɗan, ko ku cire sunana," ta ce.

Sunanta suka cire.

Daga filin jirgi gidan su malamin ta nufa. Ta durƙusa gaban mahaifiyarsa, ta faɗa mata yadda suka yi da kamfanin, ta buɗe kwamfuta, ta nuna mata fim ɗin yadda ta yi shi: jarumin, wani yaro, yana ratsa ambaliya, ƙanwarsa a kafaɗa, ba kiɗa.

"Maido baya," in ji dattijuwar. Ta sake kallo, ta goge ido da gefen mayafi. "Haka ɗana yake jefa ƙafar in ya ƙudurta abu. Na ɗauka ni kaɗai na sani."

Ashe malamin yana tsaye a bakin ƙofa.

"Da gaske sun cire sunanki, Darakta?"

"Sun cire."

"To kawo shi, akwai wuri a katin aure."

Ranar biki mahaifiyarsa ta haɗa hannuwansu. "Allah ya yi muku albarka, ya ba ku zuri'a ta gari. Akwatin nan kuwa, 'yata, bar shi kusa da ƙofa. Akwai sauran waɗanda za ki koya wa hankali."