Auren Gaban Kyamara

"Ka sake ni, Sabitu!"

Da ƙarfi na faɗa, har matan da ke zaɓen kifi a rumfar gefe suka ɗago kai. Ko a jikina. Wadda Nguru kaf ta gama kallon fuskarta a talabijin, wace kunya ce ta rage mata?

Sabitu yana tsugune a gaban banda yana juya tarwaɗa, hayaƙi ya sa idanunsa sun kaɗa sun yi jawur. Ya miƙe a hankali yana goge hannu a jikin riga.

"Raudatu... lafiya?"

"Lafiyar ke nan! Me na yi maka? Tun kafin Babbar Salla nake zaune a ɗaki, ni ba matar aure ba, ni ba budurwa ba! Kalma ɗaya ce fa. Ko idda babu a kaina tunda ban taɓa taka gidanka ba. Ka ji tsoron Allah ka sake ni in auri wanda nake so!"

Ya tsaya yana kallona baki buɗe.

"Ni na hana?" ya ce.

Bari in koma baya, don wanda bai san yadda aka yi na zama matar mai bandar kifi ba tare da na sani ba.

Shekarar dubu biyu da ɗaya ce, lokacin da duk saurayin da ya mallaki kyamarar biki yake ganin kansa darakta. Muhammad Auwal yana cikinsu, sai dai shi ya fi su iya baki. A bikin ƙawata ya fara ganina. Ya bar amarya tana ta gyara ɗauri, ya bi ni da kyamara har sai da dangin ango suka yi masa magana.

Na so shi. Ba zan ɓoye ba, na so shi son da ko abinci ba ya shiga idan bai zo zance ba. Mahaifina ya rasu tun ina ƙarama, ƙaninsa Baffa Ya'u ne ya riƙe ni, kuma shi ya karɓi gaisuwar Auwal aka sa rana bayan Babbar Salla.

"Tauraruwata," in ji Auwal wata yamma, "kafin ki shiga daga ciki, ki yi mini fim ɗaya. Ɗaya tak! Na rantse har Kano sai sun san da mu."

Sunan fim ɗin Gawar Mai Kifi. Labarin wani mai sayar da kifi ne da ya yi mutuwar ƙarya don ya ga ko budurwarsa za ta yi masa kuka. Ta yi kukan kuwa. Amma yana kwance a makara ana jiran a yi masa salla, sai babban abokinsa ya ce tunda ga jama'a, ga liman, ga goro, me zai hana a ɗaura masa aure da yarinyar a huta da tara mutane sau biyu? Gawa tana ji aka ɗaura. Sai da aka shafa fatiha ya zabura da likkafani yana ihun, "Ku tsaya! Ban mutu ba!"

Ni ce budurwar. Sabitu, abokin Auwal tun na makarantar allo, shi ne maci amanar. Gawa ce aka rasa. Duk wanda aka nuna wa likkafani sai ya ce shi dai a kai kasuwa, ba da shi ba. Dole Auwal ya miƙa wa wani yaron shagonsa kyamara ya kwanta da kansa.

Ba mu da 'yan wasa, don haka kowa ya fito a abin da yake. Baffa, wanda burinsa a duniya ya ga kansa a talabijin, ya fito a waliyyina. Malam Kalli, limamin masallacin unguwarmu, ya fito a liman.

"Ni fa ban iya wasa ba," in ji Malam Kalli. "Yadda na saba ɗaurawa haka zan ɗaura."

"Haka nake so, Malam!" Auwal ya amsa daga cikin makara. "Ya fito kamar gaske!"

A fim sunana Mairam. Amma duk sanda aka zo wurin bayarwa sai Baffa ya ce, "Na ba da 'yata Raudatu." A tsaya, a sake, ya kuma. Rana ta take, gawa tana ta zufa. Can sai muka ji murya daga cikin likkafani.

"Don Allah a bar shi ya faɗi Raudatun! Shi ma ango a kira shi Sabitunsa! Kaset zai ƙare!"

Aka nemi takardun da aka yanka a matsayin sadaki aka rasa. Sabitu ya zura hannu a aljihu ya miƙa kuɗin cinikinsa, Baffa ya soke a nasa aljihun, bai kuma sake tuna hanyar fitowa da su ba. Muka yi ta dariya. Ni da aka ce in yi kuka a kan gawa, sai da aka murza mini albasa a ido kafin hawaye ya zo.

A wani gidan kallo a Gashua aka fara haska shi. Ranar na ga manyan mutane suna faɗowa daga benci don dariya. Da gawa ta zabura, wani tsoho ya yar da hularsa ya yi waje a guje. 'Yan acaɓa suka ɗauki maganar, duk inda go-sulo ya haɗa sai ka ji, "Ku tsaya! Ban mutu ba!"

A mota muna dawowa Nguru, Auwal ya sunkuyo ya ce, "Raudata, hasken idona, mun gama da talauci."

Ashe da ni aka gama.

Mahaifiyarsa, Hajiya Suwaibatu, dama ba ta taɓa sona ba. 'Yar ƙanwarta Shuhada take so ya aura. Shuhadar ce ta ɗauki kaset ta hau mota har Gashua, ta kai wa wani babban malami, Malam Abbagana, wai tana neman fatawa. Yarinyar da ko karatun sallarta bai gama zama ba, ranar ita ce mai kishin addini!

Malam ya kalla, ya aika aka kira Baffa.

"Kai ne waliyyinta na gaskiya?"

"Ni ne, Allah gafarta Malam."

"Sunanta ne aka ambata? Sunan yaron ne?"

"Su ne... amma wasa ne."

"Sadakin fa?"

Baffa ya sunkuyar da kai.

"To ai aure ya ɗauru," in ji Malam. "Ga waliyyi, ga shaidu, ga sadaki. Ba a wasa da aure."

Wasu malaman suka ce bai ɗauru ba, tunda babu wanda ya yi niyya. Aka yi ta ja-in-ja a masallatai da rumfunan shayi. Baffa dai tsoro ya gama kama shi. Ya ce ba zai kai kansa wuta ba, babu maganar aurena da Auwal sai Sabitu ya furta saki. Hajiya Suwaibatu kuwa har guɗa aka ce ta yi, tana cewa ɗanta ba zai nemi matar wani ba.

Ban tashi hankalina sosai ba da farko. Sabitu abokinsa ne, kalma ɗaya ce. Sai ga Auwal ya zo da fuska a murtuke.

"Ya ƙi," ya ce.

"Ya ƙi me?"

"Ya ce sai ya yi tunani. Rauda, ban taɓa zaton Sabitu zai yi mini haka ba..."

Na fashe da kuka.

"Ki yi haƙuri, masoyiyata. Ki bar ni da shi. Amma kada ki kuskura ki je wurinsa, taurin kai zai ƙara."

Na yi biyayya. Salla ta zo ta wuce, ranar aurena ta wuce ina kwance a ɗaki. Idan na leƙa waje mata su taɓa juna, "Ga amaryar gawa." Ƙawayena suka ɗauke ƙafa. Babu sallar da zan idar ban kai ƙarar Sabitu wurin Allah ba.

Kaset kuwa ya yi ta tafiya kamar ana rabawa kyauta. Daga Machina, daga Haɗeja, har daga Kano ake zuwa sari. Aka buga sabuwar fosta da hotona a tsakiya, an rubuta da jan fenti: FIM ƊIN DA AKA ƊAURA AUREN GASKE A CIKINSA! Auwal ya sayi sabon babur. Duk zuwan da zai yi maganar ɗaya ce, Sabitu ya ƙi, in ƙara haƙuri.

Ranar da haƙurin ya ƙare ita ce ranar da na tsaya a gaban banda.

"Ni na hana?" Sabitu ya maimaita. "Raudatu, ranar da Malam ya yi maganar nan, ko kifin ban kwashe ba na tafi shagon Auwal. Na ce ya tara shaidu in furta. Shi ya riƙe hannuna ya ce in dakata."

"Ƙarya kake!"

"Wallahi tallahi. Ya ce kun yi shawara, ke ma kin yarda a jira kaset ya gama shiga kasuwa. Duk sati sai na tambaye shi. Ni ma fa abin ya dame ni, ko zance na kasa zuwa wurin kowa, ana ce mini mai mata."



"Yanzu ma in kina so," ya ce a hankali, "ga mutane nan, sai in..."

"Dakata!"

Ban san sanda na isa shagon Auwal ba. Na same shi a tsakiyar kwalayen kaset yana liƙa fosta.

"Tauraruwata! Me ya fito da ke?"

"Daga wurin Sabitu nake."

Fostar ta zame daga hannunsa. Na jira ya ƙaryata. Wallahi da ya ƙaryata da na yarda, don zuciyata neman hanyar yarda take yi. Sai ya yi 'yar dariya ya matso.

"Rauda, saurare ni. Kasuwa ce! Ranar da ya sake ki, ranar labarin ya mutu, babu mai sake sayen kaset. Don wa nake tarawa? Ba don ke ba?"

"Ka ga kukan da nake yi..."

"Na gani, raina ma ya ɓaci. Amma saura kaɗan! Ji dabarar da na yi." Idanunsa suka kawo haske, irin hasken da na ɗauka ni kaɗai ke sa su yi. "Kashi na biyu! A gaban kyamara zai sake ki. Saki na gaske, a cikin fim! Daga nan sai namu auren, shi ma a ɗauka. Kin san yadda za a yi rububinsa?"

Na dube shi tun daga sama har ƙasa. Ina sonsa a lokacin, son bai ragu ko kaɗan ba, abin da ya fi ci mini rai ke nan.

"Yaya Auwal," na ce, "kana kwance kana ji aka ba da ni, ka ce kaset zai ƙare. Na ɗauka ranar ce kawai."

"Haba Raudata..."

"Ni ba taka ba ce. Tambayi Malam Abbagana."

Na koma kasuwa. Sabitu yana nan inda na bar shi, kifi har ya soma ƙonewa.

"In tara mutanen?" ya tambaya.

"Kada ka sake ni."

"Raudatu, fushi ne ke magana."

"Fushi ne. Ba zan yi maka ƙarya in ce so ne ba. Amma kai ka tambaya duk sati, shi ko sau ɗaya bai tambayi yadda nake kwana ba. In za ka iya zama da ni a haka, ka zo ka ga Baffa."

Ya ce in je gida in huce, in na canza magana shi mai saki ne a ko wane lokaci. Da wata ya kama ya aiko a tambaye ni. Ban canza ba. Baffa ya sa aka sake ɗaura auren a masallaci don a kashe bakin masu gardama, wannan karon babu kyamara.

Ranar tarewa, bayan la'asar, an saka ni a mota ke nan sai na ji ƙarar babur. Ta ƙasan mayafi na hango Auwal. Ya yar da babur ɗin a tsakiyar layi, babu hula, fuska duk hawaye. Ban taɓa ganin Auwal yana kuka ba sai ranar.

Ya ɗaga hannu biyu ya tare gaban mota.

"Ku tsaya!"

Daga cikin 'yan acaɓan rakiya wani ya ƙarasa masa:

"Ban mutu ba!"

Layin gaba ɗaya ya ɗauki dariya. Mata suna riƙe ciki, tsofaffi suna tafawa. "Gawa ta tashi! Gawa ta tashi!" Yana rantsuwa yana kiran sunana, su kuwa suna cewa wallahi yaron nan ya iya wasa, har wasu na waige-waigen inda aka ɓoye kyamara. Aka janye shi gefe ana bubbuga kafaɗarsa, direba ya ja mota.

Ba a taɓa yin kashi na biyu ba. Auwal ya auri Shuhada, ya koma ɗaukar biki da suna. Sabitu bai taɓa ɗaga mini murya ba, 'ya'yanmu sun girma da kuɗin banda, ina girmama shi har cikin raina. Abin da na ba Auwal ne dai ban sake samun irinsa na ba kowa ba, shi ma Sabitun ya sani, bai taɓa tambaya ba.

Har yau idan aka tuna fim ɗin a gidan biki, sai wata ta dafa ni ta ce, "Ke dai kin iya kuka, Raudatu! Kukan da kika yi wa gawar nan har ni sai da na yi hawaye."

Sai in yi murmushi. Wancan albasa ce.

Na gaskiyar a cikin mota na yi shi, tun daga ƙofar gidan Baffa har ƙofar gidan Sabitu, ina jin muryar Auwal tana nisa a bayanmu. Matan da ke gefena suna ta guɗa suna cewa, "Yi abinki, 'yar nan, kowace amarya da haka take tafiya."