Waƙar Saura Nawa

Wani sashe na labarin nan ya zube mini kamar hatsi a buhu mai huji. Na manta garin, na manta sunan matar. Abin da ya rage zan faɗa.

Wanki da guga take yi, a wani gidan haya mai dogon baranda. Mijinta direban babbar mota ne, sai ya yi makonni bai leƙo ba. Yaranta biyu: wata mai surutu da ake kira Aku, da ƙaninta da maƙwabta suka sa wa Sarkin Kuka, kuma ya ci sunan. Ga ciki ya fara nauyi.

Wata magariba ta fita kwashe shanya. Sabulu ya tsattsaga mata hannu, bayanta kamar an daka. Yaron na goye, yana tsala ihu tun la'asar. Sai ta ji waƙa daga ɗakin ƙarshe, wanda yake garƙame da kwaɗo tun kafin su tare. Muryar mace ce, ƙasa-ƙasa, ita ma kamar a gajiye:

"Yi barci, ɗan hayaƙi, yi barci.
Cokula biyar a kwandon mai wanki,
Mun ɗauke ɗaya,
Saura nawa?"

Wasu ƙananan muryoyi suka amsa tare: "Huɗu."

Warin jiƙaƙƙiyar toka ya cika barandar. Sarkin Kuka ya yi shiru, kansa ya langaɓe a bayanta. Ranar ta yi barcin da ta manta ɗanɗanonsa. Da safe ta tarar da cokula huɗu.

Ta faɗa wa tsohuwa mai gidan.

"Ke 'yar nan, ɗakin nan ko ɓera ya ƙi shi. Matar ɓoye ce ke koya wa 'ya'yanta lissafi, kuma su ba da tsakuwa suke koyo ba. Toshe kunnen yaranki."

"Iya, mai yi mini reno a bakin cokali ɗaya? Ai har ludayi zan ƙara mata."

"Tofar da yawun, marar kunya!"

Haka aka ci gaba. Kowace magariba waƙa, kowace safiya wani abu ya ragu. Safa ɗaya. Kofi. Ɗan tsako. Ta lura da abu guda: sai an amsa daidai ake ɗauka. Ranar da ƙananan muryoyin suka yi kuskure, uwarsu ta ja tsaki, ba a taɓa komai ba.

Aku kuwa ta ƙware. Tana jin waƙar za ta baza yatsu, ta riga 'yan bayan bango amsawa. Uwar har daɗi ta ji. Ta san ya kamata ta tashi daga gidan. Kullum sai ta ce gobe, in ta huta.

Ran nan tana guga, yaran na kan tabarma. Gawayin dutsen gugar ya mutu lokaci ɗaya, kamar an zuba masa ruwa.

Warin tokar ya shigo. Wannan karon muryar ba daga ƙarshen baranda ta fito ba. Daga bayan labulenta ne.

"Yi barci, ɗan hayaƙi, yi barci.
Yara huɗu a ɗakin mai wanki,
Mun ɗauke ɗaya,
Saura nawa?"

Ƙananan muryoyin ba su amsa ba. Sai numfashinsu, kusa da ƙasa.

Aku ta buɗe baki.

Uwar ta yi tsalle ta danne bakin da tafin hannu. "Kada ki kuskura," ta raɗa mata. Da ɗaya hannun ta jawo yaron jikinta. Ta fara addu'a, harshenta ya ƙi juyawa.

Labulen ya motsa. Babu iska.

"Saura nawa?"

Shiru.

Sai tafi ya ɓarke, tafin ƙananan hannaye masu yawa.

Ta sunkuya ta duba. Aku ta ɗaga yatsu uku sama, idonta na ƙyalli, tana jiran a yaba mata.

Wani sanyi ya ratsa matar daga cibiya har gadon baya. Ta suri yaran ta banke ƙofa, ba takalmi, ba mayafi, ba ta tsaya ba sai ɗakin tsohuwa. Can ta shafa kawunansu. Biyu. Ta dafa ciki, ya motsa. Uku.

"Iya, sun yi kuskure," ta ce tana haki. "Ni dama uku gare ni."

Tsohuwa ta kalli cikin nata, ta kau da kai.

Washegari ta koma gidan yayanta. Sarkin Kuka ya koma kukansa, ita kuma ba ta sake yi wa yaro waƙa ba. Da lokaci ya yi ta haifi namiji lafiyayye, wanda ba ya barci sai ya miƙa hannu gefe yana lalube.

Daga baya yawo ya kai ni wajen ungozomar da ta duba cikin matar. Wannan kam ban manta ba, don sau biyu na tambaye ta. Ta ce ita ba ta gaya wa gajiyayyar mace irin wannan labari sai haihuwa ta matso, shi ya sa ta yi shiru. Amma kafin magaribar nan ta taɓa cikin da hannunta, kuma kawuna biyu ta ji.