Jahazi Ɗaya Ko Biyu

An ɗaura auren Loisi da Zakayo ranar Asabar ta farko a watan Agustan 1904, a cocin Kisauni, tsallaken ruwa daga tsibirin Mombasa. An ci shinkafa da madarar kwakwa, an yi rawa har rana ta faɗi. Uwar amarya, Tabita, da uban ango, Matayo kafinta, sun zauna a benci ɗaya, amma ba su ce wa juna uffan ba. Kafin wannan shekarar, kusan shekara talatin ke nan tana kiransa Yaya.

Dattawan Kisauni na wancan zamani ba su da dangin jini. A cikin jahazi aka loda su suna yara, wato jiragen ruwan masu fataucin bayi, za a tsallaka da su teku a sayar, sai jirgin yaƙin Ingila ya tare hanya ya sauke su a nan. Da suka rasa kowa, suka yi wa kansu dangi: duk waɗanda suka kwanta a cikin jahazi ɗaya, uwa ɗaya uba ɗaya suke. 'Ya'yansu kuwa tamkar daga ciki ɗaya suka fito, babu aure tsakaninsu.

Loisi ta tashi da sanin wannan. Fuskar Zakayo ce ba ta sani ba, don a Rabai ya girma, can kan tudu inda ubansa yake aikin katako. Ranar da ta fara ganinsa, shi ke tuƙa kwalekwalen fito, ita kuma tana ɗauke da kwandon rogo za ta kasuwar tsibiri.

"'Yammata, ke da kwandon nan wa ya ɗauko wani?"

"Kai dai tuƙa. Da ganin riƙonka jiya ka fara ganin teku."

"Wallahi kin cuce ni... shekaranjiya ne!"

Ta yi dariya har ta rufe baki da gefen zane. Wata guda suka yi a haka, safe da yamma. Yakan rage tuƙi in sun kai tsakiyar ruwa, fasinjoji na masifa, shi kuwa ko a jikinsa. Sai ran nan ta tambaye shi ɗan gidan wa ne.

"Matayo kafinta, na Rabai. Ƙarshen wata ma zai dawo nan da zama."

Ta dube shi da kyau.

"Kawu Matayo?!"

"Kawu kuma?"

"Ni ce 'yar Tabita."

Ya saki sandar tuƙi, ruwa ya ja su har kusa da bishiyoyin gaɓa kafin wani tsoho ya daka masa tsawa.

Sati biyu tana juya maganar kafin ta faɗa wa uwarta. Tabita na zaune a tsakar gida tana gurza kwakwa, ba ta ko ɗago ba.

"Yayanki ne."

"Mama, ban taɓa ganinsa ba sai bana!"

"Ni ma ban ga ubansa ba lokacin da ya zama yayana."

"Fasto ya ce Littafi Mai Tsarki bai hana ba..."

"Fasto bai kwanta a jahazi ba."

Daga nan ta ba ta labarin da Loisi ta ji sau ɗari, amma wannan karon a hankali. Shekararta tara. Daga ƙauyensu na bakin babban tafki ba ta tuna komai sai hayaƙin kifi da muryar uwarta tana kiran awaki. A cikin jahazi idanunta suka kumbura suka rufe ruf. Wani yaro da ke kwance kusa da ita yakan tauna ɗanyar shinkafa ya sa mata a baki, ya rage mata ruwansa, ya yi mata waƙar daka ta garinsu. Da aka kwashe su zuwa jirgin Turawa, ta ji muryar a cikin taro, ta lalubo hannunsa ta riƙe. Da idanunta suka buɗe, Matayo ta gani.

"Ba ni da uwa, ba ni da gari, sunana na farko ma ya ɓace mini. Shi kaɗai na fito da shi daga cikin tekun nan. Shi kike so in mayar suruki?"

Loisi ta tuna yadda duk Kirsimeti Kawu Matayo yake saukowa daga Rabai a ƙafa, da kaza a hammata, su zauna da Mama ƙarƙashin mangwaro suna waƙa cikin harshen da ba wanda ke ji a gidan sai su biyu. Ranar ce kaɗai a shekara take ganin haƙoran uwarta.

Washegari ta tsaya a bakin ruwa, ba ta shiga kwalekwale ba.

"Zakayo, mu haƙura."

"Haba, hasken idona! Jirgin da ya ruɓe tun kafin a haife mu shi zai raba mu?"

"A wurin Mama bai ruɓe ba."

"Mu tafi Nairobi. Ana neman ma'aikata a layin dogo, can ba mai tambayar jirgin kowa."

"In bar ta da wa? An taɓa raba ta da uwa... ba ni zan raba ta da 'ya ba."

"To ni fa, Loisi? Ni fa?"

Ta juya ta tafi. Sai da ta wuce rumbun kwakwa sannan ta bar hawayen suka zubo.

Zakayo ya daina cin abinci sosai, ya rame, har fasinjoji suka fara tambayar ko zazzaɓi ne. Da Matayo ya dawo Kisauni ya ga ɗansa, bai yi faɗa ba. Kwana uku ya yi yana fere ƙyauren sabon ɗakinsa. Ranar Lahadi bayan an taso daga coci, ya roƙi dattawa su zauna, ya ce a kira Tabita da yaran biyu.

Ya miƙe tsaye, hularsa a hannu.

"Duk wanda aka sauke a shekarar 1875 ya san jahazi biyu Turawa suka kama a sati ɗaya, suka haɗa mu a jirginsu."

Dattawa suka gyaɗa kai. Wannan kowa ya sani.

"Ni a na biyu nake. Tabita tana na farko."

Tabita ta dube shi.

"Yaya, me kake faɗa?"

"Yaron da ya tauna miki shinkafa ba ni ba ne. Ina zaune a jirgin Turawa ina waƙa don kada in yi kuka, sai wata yarinya mai rufaffun idanu ta kama hannuna ta ce Yaya. Ba ni da kowa. Na amsa."

"Ƙarya kake! Muryarka ce!"

"Waƙar daka ce, Tabita. Duk ɗan bakin tafki ya iya ta."

"Shekara ashirin da tara, Matayo..."

"Na sani."

Aka nemi mai shaida. Cikin waɗanda aka sauke tare da su, mutum huɗu suka rage a Kisauni. Uku sun ce cikin jirgi duhu ne, ba su san wa ke kusa da wa ba. Ta huɗun, wata tsohuwa mai suna Dorika, ta daɗe da ruɗewa. Fasto ya ɗauko littafin da aka rubuta sunayen waɗanda aka sauke. Sunan Tabita da na Matayo suna shafi ɗaya, rana ɗaya, ba a ambaci jahazi ba.

Dattawa suka ce tunda mai magana ya yi magana a kan kansa, babu abin da ya hana aure.

Da suka koma gida Loisi ta durƙusa gaban uwarta.

"Mama, in kin ce a'a, har yanzu a'a ce."

Tabita ta dube ta.

"Kina son yaron?"

"Ina son sa, Mama."

"To tashi. An riga an biya kuɗin auren nan, kuma da tsada. Da yayana aka biya."

Ita ta ɗinka wa amarya riga da hannunta.

Loisi da Zakayo sun yi zaman lafiya, sun haifi 'ya'ya biyar. Bai daina rage tuƙi a tsakiyar ruwa ba duk ranar da ta shiga kwalekwalensa, ita ma ba ta daina ce masa baƙon teku ba. Tabita da Matayo sukan gaisa a ƙofar coci kamar kowane surukai, da ladabi, a taƙaice.

Abin da Loisi ta kasa ganewa shi ne halin da uwarta ta shiga daga baya. Duk tsohon da ya zo daga Rabai ko Unguja, wato Zanzibar, in dai an ce daga jahazi aka sauke shi, sai Tabita ta kai masa abinci ta tambaye shi ko ya san wani yaro ɗan bakin tafki mai tauna wa yara shinkafa. A gaban jama'a take tambayar, da ƙarfi, sau da yawa Matayo na zaune yana ji. Loisi ba ta san ko neman yaron take yi da gaske ba, ko kuwa tana taya Matayo riƙe maganarsa ne don kada wani ya taɓa auren 'yarta.

Sau ɗaya Loisi ta tambayi surukinta, a shekarar 1911, yana kwance ciwon da bai tashi ba.

"Baba... jahazi ɗaya ne ko biyu?"

Ya dube ta, ya dubi jikansa da ke goye a bayanta.

"Mamanki ta ci abinci yau?"

Tabita ta yi shekara takwas bayansa tana tambayar baƙi. Ba a samu wanda ya ce ya san yaron ba.