Abin da Ya Samu Yaya Dalsu a Bayan Waya

Rana ta kusa faɗuwa na rufe rumfata a kasuwar kifi, na ɗaure wa Yaya Dalsu abincinsa: shinkafa, tsimammen kabeji mai yaji, da ɗanyen kifi guda biyu. Kowace Laraba haka nake yi.

A lokacin shekara uku ke nan da ramin da wani kamfani ya haƙa a dutsen bayan garinmu ya tsage. Masana masu fararen riguna suka ce wani tururi ne ke fitowa, ba a ganinsa, ba ya ƙuna, lokaci kawai yake dagulawa. Tsofaffi suka ce ƙarya ne, mutanen ɓoye aka taɓa. Aka kwashe na saman dutse, aka zagaye wurin da waya. Yayana ya ƙi tashi saboda aladunsa. Wai gidansa a gefe yake, abin ba zai iso shi ba.

A bakin waya muke haɗuwa. Tun daga nesa zai ɗaga murya: "Okbun mai ƙarnin kifi! Tun kina gangare hancina ya ba ni labari."

"Mai kwana da aladu ne zai yi wa wani gorin wari?" in ce masa, mu yi dariya.

Larabar da ta gabaci wannan bai zo ba, na rataye masa kwanon a jikin waya. Ran nan na tarar da kwanon yadda na bar shi. Na kira har muryata ta dushe. Shiru. Na ɗaga wayar na kutsa.

Ban yi taku hamsin ba wari ya tare ni. Ba warin turke ba ne. Wani ne mai zaƙi-zaƙi, mai nauyi, yana manne wa maƙogwaro. Sai ya ɗauke kamar an rufe ƙofa. Sai ya dawo.

Wani abu mai ɗumi ya ɗiga a ƙafata. Na buɗe ƙunshin. Kifin da aka kamo da safe ya narke, ya yi kore, tsutsa na yawo a gurbin idonsa. Ina kallo tsutsotsin suka ƙanƙance, suka ɓace. Naman ya haɗe. Kifin ya buɗe baki, ya kaɗa jela a tafina.

Na jefar da shi, na goge hannu a zanen gabana, na ci gaba. Ɗan'uwana yana ciki.

A turke, babbar aladiyar tana kwance, cikinta ya kumbura kamar ganga. Ya fashe, fus. Ƙudaje suka tashi baƙi ƙirin. Kafin in kau da kai, hanjin ya ja jiki ya koma ciki, fatar ta ɗinke. Ta miƙe tana gurnani, ta sa baki tana lasar ruwan da ya fita daga jikinta.

Na yi amai a jikin ginshiƙi.

Ƙofar ɗakin a buɗe take. Ina jin ƙarar cokali a kwano. Ƙwas. Ƙwas.

"Yaya?"

Yana zaune a ƙasa gaban ɗan teburinsa. Ya kai loma, ya tauna, ya haɗiye. Maƙogwaronsa ya motsa, lomar ta dawo bakinsa, ya mayar da ita kwano da cokalin, tas, har da tururinta. Ya sake ɗiba.

"Kada ki shigo," ya ce da raɗa. "Tsaya nan."

Fuskarsa ta saurayi ce, irin ta ranar da ya dawo daga soja. Sai gashin ya yi fari. Haƙora suka zubo a kwano ɗaya bayan ɗaya. Kansa ya faɗi a ƙirji, kumatunsa suka yi baƙi suka zazzago.

Na toshe baki.

Haƙoran suka koma. Ya ja numfashi mai ƙara kamar ana zuƙe ruwan kwata.

"Kin gani?" ya ce. "Kuma ina ji, Okbun. Duk ina ji. Har shigar tsutsotsin cikin kunnena."

"Tashi mu tafi."

"Kafin in kai ƙofa, abin nan ya mayar da ni. Ja ni waje, ƙanwata. In mutu sau ɗaya kamar kowa."

Na miƙa hannun hagu na kama wuyan hannunsa. Da ɗumi. Na ja.

A tsakar gida ya yi sanyi. Fatar ta saɓule a hannuna kamar jiƙaƙƙiyar takarda. Yatsuna suka nutse har ƙashi.

Ban saki ba.

Wani abu ya tafi ta cikin hannun rigata. Da yawa.

Na rufe ido, na ja.

Ya yi nauyi. Ya yi sauƙi kamar yaro, har na ji kukan jariri a bayana. Ban waiwaya ba.

Waya ta yage mini baya. Na faɗa ɗaya gefen, na finciko shi.

Tsoho ne tukuf ya kwanta a cinyata, ya fi mahaifinmu tsufa ranar da ya rasu. Ya buɗe ido, ya shaƙi iska a hankali.

"Har yanzu kina ƙarni," ya ce.

Bai sake motsi ba. Na zauna ina jira, ina tsoron ya tashi. Bai tashi ba.

Mun binne shi kusa da iyayenmu. Aka ƙara matso da wayar zuwa gangare.

Rumfar kuwa na bar ta. Hannun nan na hagu bai dawo daidai ba. Wata rana laushi ne da shi kamar na yarinya. Wata rana farce ya zube, in nannaɗe shi da roba ninki uku, in zauna nesa da mutane inda iska ke kwashe warin. Tuffa in na riƙe, kafin in kai baki ta zama ruwa.

A bazarar da ta wuce 'yata Sunye ta haihu. Ta miƙo mini jaririyar tana murmushi.

"Umma, karɓi jikarki mana."

Na mayar da hannuwana baya.

"Riƙe ta ke dai," na ce. "Daga nan ma ina ganinta."