Mutuwar da Ta Rubuta Masa

"Ke za ki kashe shi, Leata."

Bronwyn, shugabar marubutan shirin wasan kwaikwayonsu, ta faɗa tana juya cokali a shayi. Kamfanin talabijin ɗin nasu na birnin Auckland ya gama da Iakopo, jarumin shirin, kuma duk marubucin da ya tsegunta masa a bakin aikinsa.

Bronwyn ta san an sa wa Leata da Iakopo ranar aure. Ita ma ta taɓa sonsa, ya ƙi ta.

Leata ta tuna 'yarta da take riƙo ita kaɗai. Ta karɓi aikin.

Amma ta san sirrin sana'arta: jarumin da ba a nuna gawarsa ba, wata rana yana iya dawowa. Sai ta rubuta kwale-kwale ya kife da shi a teku, aka yi nema har aka gaji. Bronwyn ta karanta, ta yi wani irin murmushi, ta ce ya yi kyau ƙwarai.

Murmushin nan ya hana Leata cin abinci...

Ranar da rubutun ya isa hannun Iakopo, ya zo ya tsaya a bakin ƙofarta, ya ƙi shiga.

"Duk mutuwar duniya, masoyiyata, teku kika zaɓa min?"

Ta rantse hanyar dawowa ta bar masa. Bai yi faɗa ba. A hankali ya gaya mata abin da gidansu ba sa furtawa: mahaifinsa ya fita kamun kifi a tekun tsibirinsu na Savai'i, har yau ko rigarsa ba a gani ba. Mahaifiyarsa kuwa ba ta taɓa tsallake shirin ba.

"Mama ta amince da aurenmu da ƙyar. In ta ga wannan da sunanki a ƙasa..."

Bai ƙarasa ba. Ya ce kada ta canza komai dominsa, ya juya.

Washegari Leata ta roƙi Bronwyn, ta yarda a gyara, amma da sharaɗi: gawa a fili, akwati, kabari. Babu dawowa har abada.

Leata ta rubuta.

Yammacin da aka nuna, falon Mama Faleupolu, mahaifiyar Iakopo, ya cika da dangi, dafaffen gwaza ya huce a faranti ba mai taɓawa. Suna kallo aka lulluɓe akwatin da tabarmar girmamawa, aka saukar da shi. Sunan Leata ya fito a allon talabijin.

Ba wanda ya motsa.

Tsohuwar ta juyo, idanunta jajur, ta tambayi Leata ko gaskiya ne abin da Iakopo ya gaya mata, cewa da farko mutuwar teku ce. Leata ta sunkuyar da kai.

"Kin cinye wa ɗana aiki, 'yar nan."

"Na sani, Mama."

Ta daɗe tana kallonta, sannan ta kamo hannunta ta ɗora cikin na Iakopo, ta matse.

"Wannan dai na ga inda aka kwantar da shi. Ku tashi ku zuba abinci."