Kaneng Ya Fita

Ranar da hukumar lafiya ta bayyana waɗanda ta ɗauka aiki, babu sunan Kaneng. Ita ce ta zo ta ɗaya a gurbin da aka ware wa masu nakasa, gurguwa 'yar Jos mai basirar tsiya. Aka ce wai da bakinta ta buga waya ta janye. Bizarta ta zama a ƙasar Larabawan nan kuwa ta kusa ƙarewa, in babu aikin sai gida. Ta kai ƙara kotu.

Hukumar ta kawo muryar da ta naɗa. Daga wayar Kaneng aka kira, mace ce ta shaƙe murya tana Turanci. Kafin ta kashe, ta yi wa wani magana da Hausa, shi ya sa alƙali ya miƙa abin ga tafintan kotu, Elnathan, mutumin Kagoro. Ya saurara har kansa ya yi ciwo: "Khalas, Kaneng ya fita." Khalas da Larabci, wato shi ke nan.

Ya tafi unguwar Al Asmakh, ɗakin da Kaneng ke zaune da mata biyu. Ya fara da Jael 'yar Kafanchan, wadda ita ma ta nemi aikin.

"Kin samu?"

"Ina fa! Na faɗi tun a jarrabawa."

"Ina Kaneng take da aka yi kiran?"

"Ban sani ba, Baba, ina wurin aiki. Ta ce min dai ba ta kira kowa ba."

Sai Fuseina, 'yar zangon Kumasi mai shara a filin jirgi, wadda ke ɗaukar wa Kaneng kaya a matakala.

"Ke fa, ina Kaneng take?"

"Ya je wanka, Malam. Ya bar wayanshi a gado."

Elnathan ya tuna muryar da ya saurara. Wallahi bai so ya zama ita ba.

A kotu ya yi bayani. Ɗan Najeriya ko cikin barci ba zai ce wa mace "ya fita" ba, amma a Hausar zango mace da namiji duk "ya" ne. Kuma dokar hukumar ta ce in gurbin masu nakasa ya zama babu kowa, sai a ba na gaba a cikin sauran masu nema. Na gaban kuwa Gafaru ne, mijin Fuseina, wanda kafil ɗinsa, maigidan da ya tsaya masa a biza, ya sallama.

Fuseina ba ta musa ba. Alƙali ya soke ɗaukar Gafaru, ya mayar wa Kaneng gurbinta, ya tura miji da mata hannun 'yan sanda.

Kaneng ta dogara sandarta ta tare su a ƙofa.

"Yaya, da kin roƙe ni..."

"Da za ka ba ni?" in ji Fuseina.

 Kaneng ta matsa gefe, aka wuce da su.